Ɗan Waken Sinawan da Kika Bari a Firiza

Zuwa ga matata Rifkatu, Maman Rahila,

Gaisuwa mai yawa a cikin sunan Yesu. Na san babu mai kai miki wannan takarda, ba kuma za ki karanta ta ba. Amma shekara goma sha tara ke nake fara ba labari, yau kuma ga labari a bakina, wa zan ba?

Wata bakwai ke nan da tafiyarki. Mahaifiyata tana can gida Zonkwa da ciwon ƙafarta. Na sayi kati na kira ta daga nan ƙasar waje ranar Lahadi, ta yi mini faɗa wai na rame, sai ka ce ta waya take ganina. Matan zumunta na coci sun daina kawo kulolin abinci, sun yi ƙoƙari, Allah ya saka musu. Yakuwarki ta bayan gida ta fito da kanta.

Rahila ce damuwata. Tun da muka dawo daga maƙabarta yarinyar nan ba ta sake zama cin abinci da ni ba. Ta ɗebi abin da za ta ɗiba, ta shige ɗaki, ta rufe ƙofa. In na yi mata Hausa sai ta jefo mini kalma ɗaya ta Turanci. Na ji tsoro, Rifkatu, kada in rasa ku ku biyu a shekara ɗaya.

Kin tuna damplin ɗin da tsohuwar nan 'yar China ta koya miki a wurin aiki, wanda nake kira ɗan waken Sinawa? Saura goma sha biyu a firiza, na ƙarshe da kika naɗe, da shatin yatsunki a bakin kowanne. Rahila ta rubuta a jikin ledar kada kowa ya taɓa. Kowan nan kuwa ni ne, mu biyu ne a gidan.

Bari in faɗa miki gaskiya. Duk tsiyar da nake miki, wai abin da ba tuwo ba wasan yara ne, ƙarya nake yi. Ranar da kika yi wa Rahila faɗa kan guda biyar da suka ɓace a kwano, ni na cinye su a tsaye. Ban taɓa ce miki da daɗi ba. Me zai rage ni da na faɗa? Girman kai rawanin tsiya.

Ranar Asabar da hantsi na je shagon 'yan Asiya na High Point Road, na sayo fallayen fulawar nan masu zagaye, da niƙaƙƙen naman alade, da kabeji. Na barbaɗa wa kabejin gishiri na matse ruwansa yadda nake ganin kina yi, na sa citta da tafarnuwa, da 'yar daddawar da kike sakawa a ɓoye. Naɗin kam kada ki tambaya, wasu kamar kunnen akuya.

Wurin suya aka yi abin kunya. Kin san ni ɗan mai ƙosai ne, suya ɗaya na sani. Na cika kasko da mai na antaya su. Waje ya ƙone ƙurmus, ciki ɗanye, ƙararrawar hayaƙi ta hau ihu.

Sai ga ƙofar Rahila ta buɗe. Ta tsaya ta riƙe ƙugu, ta harare ni da hararar nan taki. Ta juye man ta bar cokali ɗaya, ta jera sababbi a kaskon. Da gindinsu ya yi ja sai na ga ta ɗauko rabin kofin ruwa. Na daka mata tsawa. Wa yake zuba ruwa a mai mai zafi? Da a gaban uwata ne da tuni mari ya sauka. Ko kallona ba ta yi ba, ta zuba, cuuu, ta kifa murfi. Ta ce in ja da baya, haka Mama take yi, tururin ne ke dafa cikin. Da Hausa ta faɗa, Rifkatu! Gurguwar Hausa, amma sai da na juya baya na share ido.

A tebur muka ci, ni da ita. Ta ce cittar ta yi kaɗan. Ta kuma ce tun ranar ta san ni ne ɓarawon guda biyar ɗin, ta rufa mini asiri ne kawai. Muka yi dariya, muka yi kuka, muka ƙarasa kwanon.

Asabar mai zuwa za ta koya mini naɗi. Naki goma sha biyun nan kuma ta yanke hukunci, ranar Kirsimeti za mu soya su, shida shida, ita za ta zuba ruwan.

Ki huta lafiya, sai mun sadu a wurin Ubangiji. Yana da daɗi, Rifkatu. Tun ranar farko yana da daɗi.

Mijinki, ɓarawon kwanonki,
Bitrus