Jarrabawar da Innarku ta ci

Zuwa ga 'yata Auta,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Bayan gaisuwa mai yawa da fatan alheri, ina roƙon Allah Ya sa takardar nan ta same ki cikin ƙoshin lafiya, ke da maigidanki da yara. Allah Ya ƙara miki juriya a kan aikinki, Ya tsare ku a inda kuke. Mu nan sai godiya. Yayanki ya biyo da motarsa makon jiya, ya kwana biyu ya wuce. Ya yi ƙiba har kujerar da na ƙera masa yana saurayi sai da ta yi ƙara da ya zauna. Matarsa ta kusa sauka, ki sa ta a addu'a. Gwaggonki kuma an cire mata yanar ido, yanzu babu ƙurar da take tsere mata a gidan kowa.

Na zaɓi in rubuto maimakon in kira, saboda a waya Innarku tana gefe tana gyara mini magana, ke kuma da kin ji muryata ta sauya sai ki fara kuka. Yayanki ya gaya mini kina shirin ajiye aiki, ki kwaso yara ki dawo ki kula da mu. Kafin ki yi haka ki karanta wannan har ƙarshe, domin akwai abin da na ɓoye miki.

Shekara biyu ke nan da ɓarin jikin Innarku na dama ya shanye. Duk lokacin da kika tambaya, ce miki nake muna lallaɓawa. Ba ƙarya na yi ba, amma ban faɗi duka ba. Ni ke ɗaga ta daga gado zuwa keken marasa lafiya, ni ke yi mata wanka, ni ke kai ta banɗaki, ni ke juya ta kada bayanta ya yi gyambo. Na kafa mata abin dafawa a bango tun daga ɗaki har banɗaki, na goge shi sumul, na yi mata kujerar wanka mai hannu. Wannan duk na iya, shekara arba'in ina kafinta. Sai dai ɗaga mutum daban ne da ɗaga katako, domin katako ba ya jin zafi, ba ya kuma jin kunya. Kin dai san halin uwarki: matar da ta yi shekara talatin da biyu tana jinyar mutane a asibiti, wadda har gobe unguwar nan Sista take kiran ta, ta ce babu hannun da zai taɓa ta sai nawa.

Farkon shekarar nan maƙwabcinmu mai kantin magani ya ba ni labarin wani tsari da ofishin jin daɗin jama'a ya fito da shi domin tsofaffin da ba sa iya kula da kansu. Ma'aikaci ne yake zuwa har gida ya duba mutum, sannan a sa shi a ɗaya daga cikin matakai uku. Na farko kayan taimako kawai ake bayarwa, na biyu a turo mai kula wasu ranaku a mako, na uku kuma kullum. Na je na bi layi, na cike fom, aka sa mana rana.

Auta, da kin ga Innarku a ranar, da kin rantse duba asibiti za a zo yi. Tun da sassafe ta sa na goge mata rigarta mai ruwan toka, na maƙala mata tsohon agogon aikinta a ƙirji, na ɗauke ta na zaunar a kujerar falo. Ta ce in tura keken bayan labule, in rufe mata hannun daman da mayafi. Ma'aikaciyar da ta zo yarinya ce sa'arki, mai ladabi, ta durƙusa ta gaishe mu sannan ta buɗe takardunta. Ta tambayi Innarku ko tana iya cin abinci da kanta, ta ce sosai. Ta tambaye ta wanka, ta ce ruwa kawai ake kai mata. Ta tambaye ta shiga banɗaki, sai ta ɗaga gira ta ce ita ba jaririya ba ce. Daga nan ta jero sunayen magungunanta ɗaya bayan ɗaya da lokacin shan kowanne, har ta gyara wa yarinyar rubutun ɗaya daga ciki. Yarinyar ta juyo ta tambaye ni ko haka ne. Innarku ma ta juyo ta dube ni, irin duban nan da take yi muku kuna yara idan kun yi wa baƙo surutu. Na ce haka ne.

Bayan mako biyu takarda ta zo: mataki na farko. Suka aiko da sanda da wata kujerar wanka ta ƙarfe wadda ko kusa ba ta kai tawa ba. A ƙasan takardar an rubuta cewa ba a sake dubawa sai bayan shekara, sai fa in likita ya shaida hali ya canza. Innarku ta yi dariya ta ce ita tun da take ba ta taɓa faɗuwa jarrabawa ba. Ni ma na taya ta dariyar, sannan na fita rumfar bayan gida na zauna a kan benci na daɗe.

Ga abin da na ɓoye miki. Wata biyu da suka wuce, da hantsi, na gama yi mata wanka, na sunkuya zan ɗaga ta, sai na ji kamar an buga mini ƙusa a ƙashin baya. Ƙafafuna suka saki, muka zube tare. Allah Ya sa a kaina ta faɗo, ko ƙwarzane ba ta yi ba. Amma ni na kasa tashi, ita kuma ba ta da yadda za ta yi. Muka kwanta a jiƙaƙƙen siminti kusan awa guda. A kwancen nan ta miƙa hannun hagu tana latsa mini baya, tana tambaya ko ina iya motsa yatsun ƙafa, ko zafin yana sauka har cinya. Da ta tabbatar ba zan tashi ba, sai ta ɗaga murya ta kira matar maƙwabcinmu ta tagar banɗakin. Matar ta shigo ta same ta a halin da shekara biyu take gudun wani ya gan ta. Ta yi sauri za ta rufe ta da zane, Innarku ta ce ta bar ta tukuna, ta kira mijinta a fara ɗaga tsohon nan.

Kwana uku na yi a kwance, Gwaggonki da matar maƙwabci suna karɓa-karɓa. A rana ta huɗu Innarku ta sa mai kantin magani ya karɓo takardar likita, ya kai ofishin, ya ce ita Sista ce da kanta ta ce a dawo.

Yarinyar nan ce dai ta sake zuwa. Wannan karon Innarku ta ce a bar keken a tsakiyar ɗaki, ita kuma a gado za a same ta. Ba ta jira tambaya ba. Ta fara bayani kamar yadda take miƙa ɗakin marasa lafiya ga masu karɓar aikin rana: ta ce akwai majinyaciya mai shekara sittin da tara, ba ta tsayuwa sai an riƙe ta, ba ta wanka, ba ta sa tufafi, sai an yanka mata abinci ƙanana. Ta faɗi abubuwan da ni ban taɓa faɗa wa kowa ba, har da sau nawa ake canza zanen gado a mako. Daga nan ta ce akwai majinyaci na biyu a gidan, mai shekara saba'in da huɗu, mai taurin kai, bayansa ya lalace, kuma ranar da ya sake faɗuwa mutum biyu za a ɗauka. Yarinyar ta ajiye biro ta ce tun zuwanta na farko ta ga tayar keken a ƙasan labule, amma ƙa'idar aikinsu ba ta ba ta dama ta rubuta wa mutum raunin da ya musanta da bakinsa ba. Ta ce tsofaffi da yawa haka suke yi, su yi ado su ci jarrabawa, su rasa taimako. Sannan ta buɗe fom ɗina ta nuna mini wani shafi da aka tanada domin lafiyar mai jinya, wanda na tsallake ban rubuta komai ba. Na ce na ɗauka ba da ni ake ba.

Yanzu muna mataki na biyu. Mai kula tana zuwa safiya huɗu a mako, mai gashin ƙashi kuma sau biyu a wata, ya duba Innarku ya duba ni. Ba zan ce miki komai ya warware ba. Yamma da sauran ranaku har yanzu namu ne, Gwaggonki ta ɗauki ranaku biyu. An koya mini yadda zan zamo da ita daga gado zuwa keke a kan allo ba tare da na ɗaga ba, allon ma ni na ƙera shi. Mai kulan babbar mace ce, ga ƙarfi ga fara'a. Ranar farko sau uku Innarku ta sa ta warware shimfiɗar gado saboda kusurwa ba ta kwanta ba. Na ce shi ke nan, ba za ta dawo ba. Washegari sai ga ta da littafi da biro, wai a ƙara mata darasi. Uwarki ta sake samun ɗaliba, har muryarta ta dawo.

Saboda haka ina roƙon ki, kada ki ajiye aikinki, kada ki cire yara daga makaranta. Innarku ta ce in gaya miki ba ta yi wahalar karatunki don ki zo ki riƙa wanke zanen gado ba. Idan an yi hutu ki zo ki yi mana mako biyu ko uku. Ni kuma na yi miki alkawari, duk abin da ya faru daga yau za ki ji shi a ranar.

Safiyar farko da mai kulan ta kama aiki sosai, Innarku ta kore ni, ta ce in je in sha iska. Na fita na tsaya a bakin titi ban san inda zan nufa ba. Daga baya na gangara layin da shagona yake a da; mai aski ya ce shi ya ɗauka mun tashi daga garin. Na zauna da tsofaffin abokai, amma hankalina yana gida, ban yi awa guda ba na dawo. Ta aiko mai kulan ta tare ni a ƙofa, wai lokacin ziyara bai yi ba. Na koma. Da na dawo da azahar na same ta a bakin taga, an yi mata wanka, an yi mata kitso. Na zauna kusa da ita na rasa abin da zan yi da hannuwana. Ta dube ni ta ce shekara biyu tana hannun wani nas mai gemu, mai kaushin hannu, wanda bai taɓa shiga aji ba, kuma ta gode masa, Allah Ya biya shi. Amma ta ce ta yi kewar mijinta, in gyara zama in ba ta labarin gari. Muna nan muna hira har abinci ya huce, babu wanda ya tuna da shi.

Ki gaishe mini da maigidanki, ki ce ina godiya da haƙurinsa. Ki gaishe da surukarki da jiki. Ki gaishe da amaryata mai wushirya, da babban abokina Sarkin Ɓarna, da ɗan autanku da ban riƙe ba tukuna. Gwaggonki da yayanki da maƙwabta duk suna gaishe ku. Innarku ta ce a gaishe ki sau biyu, kuma ki daina tsallake karin kumallo, ta ji a muryarki.

Allah Ya yi miki albarka, Ya haɗa fuskokinmu da alheri.

Ni ne mahaifinki mai ƙaunarki,
Baba Kafinta