Ranar da Hajiya Ta Cinye Mini a Osaka

Zuwa ga Yayata Mero,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Ina miƙo miki gaisuwa mai yawa, da fatan wannan takarda za ta same ki lafiya, ke da Yaya Jafaru da yara. Allah Ya ƙara wa Mama sauƙin gwiwar nan tata, Ya bar mana ita. Mu ma nan Greensboro ta Amurka lafiya lau muke. Sanyi ya fara leƙowa, itatuwan layinmu na Glenwood sun yi ja suna ta zubar da ganye. Uzairu yana gaishe ki, yana can makaranta yana fama da rubutun digirinsa kamar kullum.

Na san za ki yi mamakin ganin rubutu maimakon kira. In na kira ki, kuka da dariya za su haɗu su hana ki gane komai. Ina gamawa zan ɗauki hoton takardar in turo miki, domin ina so labarin ya riga Hajiya Sakinatou isa gida. Ita ce matar Dokta Surajo, ɗaya daga cikin malaman da sai sun sa hannu Uzairu zai samu digirinsa. ’Yar Maraɗi ce, gidansu wani ƙato a unguwar masu kuɗi ta Irving Park. Tun zuwana garin nan ta ce ta riƙe ni ’ya. Ma’anar riƙon ita ce duk ranar da za ta yi baƙi, ni zan jiƙa shinkafa a gidana, in kwaɓa ƙullu, in ɗauki tandata in je in soya masa a kicin ɗinta, ita kuma ta fito falo ta karɓi yabo. Ban taɓa cewa uffan ba.

Kin tuna na gaya miki Uzairu zai je taron masana a Osaka ta ƙasar Japan, kuma zai tafi da ni. Abin da ban gaya miki ba shi ne alƙawarin da ya yi mini na rana guda, tawa ni kaɗai. Yaya, tun da aka kawo ni ban taɓa samun mijina daga safe har yamma ba. In ba ɗakin gwaji ba, to aiken Dokta. Ni kuma ga ni a gida, takarduna ba su ba ni izinin aiki ba, sai littattafaina, waɗanda kike cewa za su juyar mini da kai. A cikinsu miji yakan ɗauki matarsa su tafi garin da ba wanda ya san su. To, Uzairu ya samo mana mai rakiya, wata mata mai suna Noriko, wadda aikinta ke nan zagayawa da baƙi su kaɗai, ba cikin ayari ba. Tun muna nan ta rubuto tana tambayar abin da nake son gani. Na zauna na tsara mata ranar kamar mai tsara labari: tsohuwar fadar garin da safe, sai wata jar gada mai lanƙwasa kamar baka da na gani a hoto, sai abinci a inda Musulmi ke ci, da faɗuwar rana kuma kwalekwale a kan ruwan da ya ratsa tsakiyar gari. Har mayafi na saya mai ruwan goro saboda gadar nan.

Dokta ma ya je taron, da Hajiya. Ranar yawon, muna karin kumallo a otal, suka zo suka zauna a teburinmu. Dokta ya tambayi ina za mu da kwalliya haka, bakin Uzairu kuma ba ya riƙe magana gaban manya. Hajiya ta ce ai ba a barin yara su kaɗai a baƙuwar ƙasa, za su raka mu. Na taka ƙafar Uzairu a ƙarƙashin tebur har sai da tawa ta yi zafi, amma bawan Allah ya ce ai sun yi mana gata.

Noriko ta iso, ’yar siririya mai furfura kaɗan, ta rusuna ta gaishe mu. Da ta ga mun zama huɗu, ni ta kalla, ta tambaya ko na amince. Haka ta yi mini wunin nan gaba ɗaya. Duk abin da Hajiya ta so sauyawa, sai Noriko ta juyo ta tambaye ni, domin a wurinta ranar tawa ce. Ni kuma, yadda Mama ta rene mu, da wane baki zan ce a’a gaban babba? Sai in ce duk yadda Anti ta ce. Da bakina na riƙa miƙa mata ranata gutsure-gutsure.

Fadar dai na gan ta, kuma ko a mafarki ban taɓa ganin irinta ba. Fara ce sol, rufinta kore hawa-hawa da adon zinare, tana zaune bisa katangar duwatsu waɗanda ɗaya zai kai girman ɗakin Mama, ruwa ya kewaye ta. Noriko tana ba da labarin yaƙe-yaƙen da aka yi a wurin, ni ina hango gimbiya tana leƙen masoyinta ta taga, sai ga wayar Hajiya a hannuna. Ni na zama mai ɗaukar hoto. Ta tsaya nan, ta juya can, ta ce in sake domin ɗaurinta ya karkace. Ko hoto ɗaya ba mu yi da Uzairu mu biyu ba.

Da aka zo maganar gada, Noriko ta ce tana harabar wani tsohon wurin bautarsu. Hajiya ta dafa ƙirji ta ce ita ba za ta taka gidan tsafi ba, a kai ta inda ake sayar da kayan lantarki. Noriko ta ce ba sai an shiga ciki ba, gadar tana waje. Ta dube ni. Na dubi Uzairu, yana duban takalminsa. Muka tafi kasuwa. Wani dogon layi ne mai rufi, shaguna ba iyaka, mutane kamar an yi ɓarinsu amma ba mai ture wani. A nan Hajiya ta sayi tukunyar shinkafa ta lantarki, da wuƙaƙe, da man shafawa, tana ta neman ragi da Faransanci wurin mutanen da ba sa yin ciniki. Mijina ya koma ɗan dako. A gidan abincin da aka tanadar mana kuwa, da ɗakin sallarsa mai tsabta, ta ɗanɗana romon taliya ta ture kwanon ta ce ba yaji.

Ban fid da rai ba, saboda kwalekwale yana nan. Muna isa bakin ruwan, fitilu sun fara kamawa, Hajiya ta ce ƙafafunta sun kumbura. Dokta ya ce Uzairu ya tare musu tasi ya raka su da kayan. Uzairu ya ce mini yanzu zai dawo. Bai dawo ba, domin an sa shi neman ƙanƙarar da Hajiya za ta ɗora a ƙafa. Da Noriko na shiga kwalekwalen. Gine-gine suna walƙiya hagu da dama, launinsu yana rawa a kan ruwa, mutanen kan gadoji suna ɗago mana hannu, ni kuwa ina share hawaye da sabon mayafina. Da muka sauka, Noriko ta matso kusa da ni. Sannan ta ce su ma a ƙasarsu sun san irin wannan “to” ɗin da ake faɗa da baki kawai, kuma da na raɗa mata tun da safe, da ita ta ce a’a a madadina, ta ɗora wa tsarin aikinta laifi.

Duk da haka da na haɗiye, Yaya. Amma muna dawowa Hajiya ta zuba hotunan da na ɗauke ta a zauren matan garin nan na waya, ta rubuta cewa ta kai yara sun ga duniya, ta sha wahalarsu amma ba komai. Sannan ta gayyaci mata gidanta ranar Asabar, kallon hotuna da rabon tsaraba, ta aiko mini cewa in zo da wuri da ƙullu da tanda. Na amsa da to, kuma na san abin da nake yi.

Na jiƙa shinkafa kuwa, ƙulluna ya tashi yadda bai taɓa tashi ba. Ranar Asabar na kashe waya, na soya masa a gidana, na yi miyar taushe, na kira maƙwabciyata Yemima, wata nas ’yar Jos, muka ci muka ƙoshi. Ita ma an gayyace ta, daga wurina ta wuce can, kuma ita ta kawo mini labari. Ta ce Hajiya ta jira ni har rana ta take, sannan ta niƙa shinkafar da ba a jiƙa ba, ta zuba a faranti mai ramuka na gasa kek. Abin ya ƙone a waje, ciki ɗanye, na’urar hayaƙin gidan ta yi ta ihu gaban baƙi. Aka tura Dokta titin Wendover ya sayo soyayyiyar kaza. Wata tsohuwa ta ce ita fa masar Hajiya ta kawo ta, ina take? Da aka tambayi Yemima me ya hana ta cin kazar, ta ce ai ita ta cika cikinta da masa a gidan Suhaila, irin wadda ake ci a nan gidan sak. Ta ce falon ya yi tsit, sai ƙarar cokula. Sau uku na sa ta maimaita mini wannan wurin.

Ga inda abin ya yi nauyi. Ranar Litinin Dokta ya kira Uzairu ofis, ya ce ya kawo ni in durƙusa in ba Hajiya haƙuri. Uzairu ya dawo gida fuskarsa kamar marar lafiya. Na ɗauka cewa zai yi in ɗauko mayafi. Sai ya ce ya gaya wa Dokta cewa shi mata ya auro, ba kuku ya kawo wa kowa ba, kuma in akwai mai bin bashin haƙuri, to ni ce. Ya ce har sai da ya sako ranka ya daɗe a tsakiyar maganar, amma ya faɗa. Tun ranar Dokta ba ya amsa saƙonsa, babin da ya ba shi ya duba yana nan a ajiye. Ba mu san abin da zai faru da digirin ba. Ina jin tsoro, ba zan ɓoye miki ba, amma ban yi nadama ba ko kaɗan.

Abin da nake roƙo shi ne ki tsaya tsakanina da Mama. Hajiya ta rantse za ta kira ta, kuma kin san Mama, tana jin an ce babba ta yi fushi za ta ce in je in durƙusa. Kin kuma san ni, in Mama ta ce in je, zan je. In na je, mutumin da ya fara koyon tsayuwa saboda ni zai ga ya tsaya a banza, kuma ba zai sake ba har abada. Ki je da kanki ki karanta mata wannan, ki tsallake wurin dariyar. In ta ce laifina ne, ki ce kin ji, amma ki riƙe wayarta a jakarki har ta huce. Hajiya kuwa gaisuwa za ta ci gaba da samu daga gare ni duk inda muka haɗu, har da rusunawa. Masa ce dai ta ci rabonta. Sallah na tafe, gidanta ake taruwa, kuma har yau ba ta san ana jiƙa shinkafa ba.

Ki gaishe mini da Mama, da Yaya Jafaru, da Gwaggo Asabe, da Baffa Tahiru na Tudun Wada. Ki shafa mini kan yara, ki ce tsarabarsu tana nan tafe. Ki sa Uzairu a addu’a, ya fi ni buƙata.

Taki ƙanwa da ke jiran amsarki,
Suhaila