Belin da Bai Fito da Kai Ba

Zuwa ga maigidana, Baban Ummi.

Assalamu alaikum warahmatullah. Bayan gaisuwa mai yawa, da fatan kana cikin rahamar Ubangiji. Na san ba za ka karanta wannan ba, amma akwai waɗanda nake so su karanta, shi ya sa na rubuta a fili.

Ranar da ƙaninka ya bugo waya daga kotu ya ce alƙali ya ba da belinka, guɗa na yi har maƙwabta suka leƙo. Na ɗora dambu, na share ɗaki, na sa turaren wuta. Bayan la'asar ya shigo shi kaɗai. Ya tsuguna a bakin ƙofa ya yi mini bayani: sai an kawo mutum biyu sun tsaya maka, ɗaya babban ma'aikacin gwamnati, ɗaya mai gida da takardu a cikin Kano. A nan na gane. Mu da muke haya a Panshekara, danginka duk manoma a Jigawa, wa muka sani?

Sharaɗi iri ɗaya aka gindaya muku kai da Ɗanlami, ɗan kwangilar da yake kai ku aiki kamfanin fata a Challawa, yake biyan ku a hannu. Shi kafin a tashi kotu mutanensa sun sa masa hannu. A gidansa ya yi magariba.

Kai kuwa me ka yi? Sababbin kuɗi ka nema don barka da Sallah. Duk shekara haka kake, kana cewa yaro ba ruwansa da yawan kuɗi, ƙamshinsu yake so. Ɗanlami ya ce yana da su, ya biya ka albashinka da su, ka dawo kana ta sa masa albarka. Ka je sayo wa Ummi takalmi, mai shago ya ɗaga ɗaya a rana ya ce jabu ce, sauran kuma suna aljihunka. Nan aka kama ka, ko Sallar ba ka yi da mu ba.

Na je wurin Kawu Sale, wan mahaifiyata, shi kaɗai ne mai babban muƙami a danginmu. Na durƙusa a tsakar gidansa. Ya ce: "Harkar jabun kuɗi ba a sa mata hannu, ga shi na kusa ritaya. Ki je ki yi ta addu'a." Ya ba ni kuɗin mota.

Ka san ƙirjinka. Tun kana shaƙar maganin jima yake damun ka, ni nake dafa maka citta da kanumfari idan ka sauko daga aiki. A gidan yari wa zai dafa maka? Zuwana na ƙarshe, tari ya hana ka ƙarasa magana, amma sai da ka tambaye ni ko an sayo takalmin. Na ce an sayo. Ka yi murmushi, wai to ba a yi asara duka ba.

Da aka kawo gawarka, Kawu Sale ne a sahun gaba. Shi ya zauna a kan tabarma yana karɓar gaisuwa, yana gaya wa mutane kai mutumin kirki ne. Ina jin muryarsa daga cikin gida.

Ɗanlami bai zo ba. Buhun shinkafa ya aiko wai na sadakar uku, da saƙon a yafe juna. Na sa aka mayar masa har ƙofar gida. Mata suna ta cewa in yi haƙuri, ƙaddara ce. Na yarda da ƙaddara, Baban Ummi, amma ban yafe ba. Allah ya isa tsakanina da shi. Yadda ya raba ka da iskar waje, Allah ya raba shi da kwanciyar hankali. Kawu kuma ranar da zai durƙusa yana neman mai tsaya masa, Allah ya sa ina da rai in gani.

Na san da kana nan za ka ce in sassauta. Kai ne mai sanyin gidan. Yanzu babu kai.

Takaba ce ta tsare ni, an yi zaman kotu ba ni. Na kusa fita daga takabar. Daga ranar da na fita, duk zaman da za a yi ina benci na gaba, inda idan Ɗanlami ya waiwayo ni zai fara gani.

Allah ya jiƙan ka, ya yalwata maka kabarinka fiye da ɗakin da suka kulle ka, ya raya mana Ummi, ya haɗa mu a Aljanna.

Lauya ya ce an cire sunanka daga ƙarar tunda ka rasu. Ɗanlami yana nan yana yawonsa a kan beli, kuma har yau ba wanda ya miƙe a kotu ya ce ba ka da laifi.

Taka har abada,
Maman Ummi.