Hular Dalhatu

Zuwa ga Yaya Atika a Damagaram,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, da fatan kina lafiya, ke da Malam da yara, Allah ya ƙara rufin asiri. Mu nan Panshekara sai godiya, yara kalau, amma maigidana, ƙanenki Dalhatu, yana kwance, shi ne dalilin wannan wasiƙa.

Kin san tarin da ya kwaso a kamfanin fata na Challawa. Watannin baya wasu 'yan jarida na talabijin suka zo bincike kan dagwalon da kamfanin ke saki cikin kogi, wanda ke sa yara ƙuraje da gudawa. Kowa ya ja bakinsa ya tsuke, sai Dalhatu. Na ce ya rufa mana asiri, ya ce bututun dagwalon ta gabansa ya bi, ba zai iya cewa bai gani ba. 'Yan jaridar suka yi alkawarin rufe fuskarsa da sauya muryarsa, kuma wallahi sun cika.

Sai dai kin san shi da son ado. Wai ba a shiga talabijin da kai tsirara, ya ɗauko hular nan da kika ɗinka masa, mai zaren kore, wadda yake zuwa Juma'a da ita. Har tsiya na yi masa, na ce fuskar ma ba za a gani ba. Da aka nuna shirin, fuska a rufe, hula raɗau. Ko maigadin kamfani ya gane ta. Tsautsayi ba ya wuce ranarsa. Masu kamfani suka sallame shi, asibitin kamfani ya daina ba shi magani. An ce hukuma ta toshe bututun, amma ƙirjinsa sai gaba yake yi.

Abin da ya fi cin raina, abokan aikinsa tsoron zuwa dubiya suke, sai dai su aiko matansu. A cikinsu Ishaya kaɗai ke shigowa. Idan aka yi sallama sai Dalhatu ya ɗaga kai, in ya ji muryar mace ya mayar.

Ya ce kada ki zargi ɗinkinki, ko yau aka sake, da ita zai fita. Tana nan kusa da matashinsa. Ki gaida Malam, da Muntari, da Fanna. Yaya, kin ce sai Sallah za ki zo. Don Allah kada ki jira Sallah.

Taki,
Halimatu Sa'adiya