Cefanen da Kotu Ba Ta Ƙirga Ba

Litinin, 3 ga Maris

Takardar kotu ta zo. Kafin a gama shari'ar rabuwarmu, zan riƙa biyan kuɗin ciyar da matata da 'yarmu, 'Yar Baba, duk wata. Na wucin gadi, in ji su. Shekara goma sha ɗaya ina ciyar da gidana a ƙasar mutane ba wanda ya aiko min da takarda. Yau alƙalin da bai san launin ƙofata ba shi zai koya min.

Gaskiya dai abin da suka yanka ba zalunci a ciki. Hayar gidan kaɗai ta kusa cinye albashinta.

Asabar, 8 ga Maris

Na yi cefane yadda na saba tun da na bar gidan. Shinkafa, mai, madara, sabulu, da takalmin makaranta. Ya ma fi rabon sati na abin da suka yanka. Bas biyu, hawa huɗu da ƙafa.

Uwar 'Yar Baba ta buɗe ƙofa rabi. "Ajiye nan." 'Yar Baba ta leƙo ta ƙarƙashin hannunta, haƙorin gaba ya fita. Minti biyar. In ba don ledojin nan ba, da wane dalili zan hau benen?

Laraba, 16 ga Afrilu

Lauyata ta kira ni ina tsaye kan injin guga, zannuwan asibiti suna ta zubowa. Wai wata biyu ban biya ko kwabo ba. Na ce cefanen fa? Ta ce kyauta ce a idon kotu, kuɗi aka ce, ta banki. Ta tambayi rasit. Rasit! Wane namiji ne zai kai wa iyalinsa abinci ya adana takardar shaida, kamar mai shirin tsiya?

Ranar 6 ga Mayu za a yanke ko za a riƙa ba ni yarinyar ranar Asabar. Ta ce in na shiga da bashin nan a kaina, kada in sa rai.

Alhamis, 17 ga Afrilu

Na faɗa wa Dogo, abokin aikina, a wajen ninke tawul. Ya yi dariya har da tari. "Malam, nan ba a ganin buhu, lamba ake gani. Ko saniya ka kai, sunanka wanda bai biya ba." Shi ya riga ni shan wannan da shekara bakwai. Ɗansa yanzu sai a hoto.

Ban ci abincin rana ba.

Asabar, 19 ga Afrilu

Na je da niyyar faɗa. Na ce ashe ƙarata kika kai. Ta ce, "Tambayata aka yi ko kuɗi ya shiga, na ce bai shiga ba. Ƙarya zan yi musu?" Sai ta wangale ƙofar, karon farko. "Shigo ka ga."

Kwalaben mai bakwai a jere. Shinkafa har ƙarƙashin tebur. Takardar gargaɗin kamfanin wuta manne a jikin firij. Takalmin yana cikin kwalinsa, ya yi mata kaɗan da lamba biyu.

"Baban yarinya, mai gidan haya ba ya karɓar shinkafa. Sau nawa na faɗa maka?"

Ta faɗa. Na tuna. Ni na ɗauka rainin wayo ne.

Na sauko. Abin da ya fi cin raina, ba inda ta yi ƙarya.

Juma'a, 25 ga Afrilu

Dogo ya ranta min rabin bashin, na karɓi kuɗin aikin Lahadi huɗu tun kafin in yi, na cike sauran. A banki na sa su riƙa cira da kansu duk farkon wata. Yarinyar da ke kan tebur ta ce me za a rubuta a matsayin dalilin kuɗin. Na ce cefane. Ba ta gane ba, sai da na rubuta mata harafi-harafi.

Mahaifina har ya rasu da hannunsa yake shigo da kayan miya. Ni inji ne zai yi min.

Lahadi, 27 ga Afrilu

Bayana. Kafaɗata. Ɗakin nan ko labule babu.

Talata, 6 ga Mayu

Asabar ɗaya cikin biyu, daga goma zuwa huɗu. Na so kowace Asabar. Alƙalin ya yi ta nanata jinkirin wata biyun. Ya tambaye ta ko tana da abin cewa, na sunkuyar da kai ina jiran sara. Ta ce, "Bai taɓa fashin zuwa ba, ko ana ruwa." Shi ke nan abin da ta ce. A waje ba ta kalle ni ba.

Asabar, 10 ga Mayu

Na tafi hannu rabbana. Sau biyu ina tsayawa a ƙofar shago ina wucewa. A kan bene na ji kamar wanda ya zo roƙo.

Awa shida da 'yata, kuma ban san me ake ce mata ba. Ita ta riƙe hirar. Ashe tana tsoron karen maƙwabta. Ashe da hagu take rubutu yanzu ma, malamarta ta ƙyale ta. Ta yi barci a bas, kanta a hannuna, na wuce tashar da ɗaya don kada ta farka.

Da na mayar da ita, bakina ya riga ni. Na ce wa uwarta, "Akwai abin da kuke buƙata?" Ta daɗe tana kallona. Ta ce za ta rubuto min ta waya.

Tambaya ce kawai. Har gobe ina nan kan bakana, alƙalin nan bai san komai game da gida ba. Wayar dai na cire ta daga shiru, na kunna ƙararta.