Tagullar ƙofar gida

Abbasiya, daren Laraba, 12 ga Nuwamba

Na daɗe da jin wai Jamusawa na kafa 'yan allunan tagulla a ƙofar gidaje, ɗauke da sunayen Yahudawan da aka kwashe aka kashe lokacin yaƙin duniya na biyu. Ban yarda ba. Wa ke shanya asirin kakansa a titi? Shi ya sa nake jan ƙafa da ɗana Sani ya nemi albarkata zai kai jikokina Jamus.

Yau surukarsa Helga, Bajamushiya, ta zo cin tuwo, na tambaye ta zancen tagullar, Sani na tafinta yana zufa.

"Baba, don Allah, baƙuwa ce fa!"

"Yalla, maza fassara."

Ta ce ubanta ya tuƙa motar kwasar mutanen, har ya mutu bai ce uffan ba. Ita kuwa duk shekara tana durƙusawa ta goge tagulla uku, gwiwa na ƙara, tana karanta wa yaran unguwa sunayen.

Khalas, magana ta ƙare, gobe zan sa albarka. In 'yan majalisar shayi suka ce wa ya gaya mini, Helga ce, 'yar direban da kanta.