Sunan Pulo a Allon Sinima

Manila, 4 ga Maris, 1976

Manang Sioning, yayata,

Ina gaishe ki da kyau. Yaya ciwon ƙafar? Matata Meding da yara suna gaisuwa.

Fim na goma sha ɗaya da na rubuta ya fito, na manoman taba. Sati uku sinima tana cika maƙil, amma hankalina a tashe yake. Na sauya sunaye, na sauya gari, sai dai duk wanda ya san yadda aka ƙwace gonar babanmu Tatang zai gane Don Macario ne mugun da ke cikin fim ɗin. Ɗansa kuwa yanzu babba ne a gwamnati.

Wasu jami'an tsaro biyu sun gayyaci Lauro, daraktanmu, wai shan kofi. Kwana tara ya yi a hannunsu. Da na je duba shi na ce, "Me suka tambaye ka?" Ya ce, "Wai wa ya rubuta. Sai ka ce ba su iya karatu ba." Ya yi dariya, sai na ga babu haƙoransa biyu.

Kada ki gaya wa mahaifiyarmu Nanang.

Ƙaninki,
Pulo

Vigan, 15 ga Maris

Pulo,

Mun gode Allah, ƙafa da sauƙi. Kai tun kana yaro bakinka ba ya rufuwa. Shekara goma kana rubuta masoya suna kuka cikin ruwan sama, wa ya taɓa ka?

Mutanen sun zo nan ma. Da ladabinsu, har suka ɗora hannun Nanang a goshinsu. Na soya musu longganisa, naman nan namu na Vigan. Ɗayan yana taunawa ya ce, "Luz ɗin ƙaninki har yanzu ƙarfe huɗu take tashi daga makaranta?"

Ka ji? Sunan 'yarka. Duk abin da suka ce ka yi, ka yi. Tatang ya mutu, fim ba zai dawo da gona ba.

Allah ya tsare ku.
Sioning

Manila, 23 ga Maris

Manang,

Na samu wasiƙarki, na gode. Na tura yara Batangas wurin dangin Meding.

Sun kawo min takarda. In na sa hannu, na shaida cewa Lauro ne ya ƙara wuraren da suka ɓata musu rai, ni ban sani ba. Ƙarya ce, kowace kalma tawa ce. Kuma in na sa, za su koma su ɗauke shi, ba zai fito a karo na biyu ba. Kwana uku ina juya biro. Ko mota ta tsaya a layinmu sai in leƙa ta taga.

Juma'a suka ce in kai amsa. Ki sa ni a addu'a.

Naki,
Pulo

Manila, 30 ga Afrilu

Manang, ina gaisuwa. Meding ce.

Bai sa hannu ba. Ya fita ran Juma'ar da safe, ya ce in ajiye masa abincin rana. Na zaga ofisoshi bakwai, kowa ya ce bai san shi ba.

Fim ɗin da suka janye an mayar da shi sinima, an yayyanke shi. Jiya na shiga na zauna har ƙarshe. Babu sunansa a allon. Matar da ke gefena tana share hawaye ta ce, "Baiwar Allah, ko kin san wanda ya rubuta wannan?" Akwai wani mutum a bayanmu da ba fim yake kallo ba.

Na ce mata ban sani ba.

Kada ki zo, kada ki rubuto.

Taki,
Meding